A Mayar Musu da Fim Ɗinsu Su Gani

A 1957 wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch ya shiga unguwar Treichville ta birnin Abijan da wata 'yar kyamara irin wadda ake wanawa da hannu. Ba ta ɗaukar sauti, kuma da ta yi daƙiƙa ashirin da ɗoriya sai ta tsaya, sai an sake wana ta. Waɗanda yake bi samari ne 'yan ci-rani daga Nijar, masu dako a tashar jiragen ruwa da 'yan aikin yini, irin mutanen da ba a tambayar su ko yaya suka kwana. Da aka gama ɗauka sai ga hotuna bebaye. Abin da aka saba a wancan zamanin shi ne Bature ya rubuta bayani ya karanta da bakinsa, ya ce ga yadda baƙar fata ke zaman birni. Rouch ya yi nasa ɗan bayanin, amma kaso mafi tsoka ya bar wa samarin. Ya zaunar da ɗayansu, Oumarou Ganda, a gaban allo, ya ba shi makirufo, ya ce ya faɗi duk abin da ya zo masa.

Ganda bai tsaya bayyana wa kowa al'adar kowa ba. Ya laƙaba wa kansa sunan wani ɗan wasan Amurka da yake gani a silima, Edward G. Robinson, ya shiga surutu da kansa. Ya yi ƙorafin kuɗin dako, ya yi cika baki, ya yi kwaɗayin mota da gida da mace, ya yi mafarkin ya zama zakaran dambe har aka shirya wasan damben aka ɗauka aka saka a fim ɗin. Can wajen ƙarshe akwai inda yake tafiya a bakin ruwa da wani yaro, yana ba shi labarin yaƙin Indocina, wato yankin Vietnam na yanzu, inda Faransa ta kai shi soja tun yana ɗan saurayi. Sai ka ga ya faɗi ƙasa, ya ja ciki, ya wurga gurneti da hannu wayam, ya kwanta ya yi mushen ƙarya, ya miƙe ya kakkaɓe jiki ya ci gaba da tafiya, yana faɗin yadda ya dawo bai tsira da komai ba. Fim ɗin, Moi, un noir, ya fito a 1958, ya kuma ci kyautar Louis-Delluc a Faransa.

Ra'ayina shi ne wannan hanya, wadda ta saɓa wa ƙa'idar dokumentari, wato fim ɗin da ke nuna abin da ya faru da gaske, ta bar mutum ya taka rawar rayuwarsa da kansa, ya ƙara gishiri inda ya so, ta fi kusa da gaskiyar talaka fiye da irin finafinan da ake yi a kanmu yau da sunan taimako. Sai dai akwai sharaɗi, kuma idan babu shi duk dabarar ta zama ado: a mayar wa mutane fim ɗin su gani kafin duniya ta gani, kuma in sun ce a cire abu, a cire.

Kowa ya san fasalin finafinan taimakon nan. Za a fara da hoton sansani daga sama, rumfunan leda jere. Sai yaro da ƙuda a ido. Sai kiɗan tausayi. Sai wani masani a ofis mai sanyi, an rubuta sunansa da muƙaminsa a ƙasan allo, ya yi minti biyu yana zuba alƙaluma. Sai mace tana share hawaye da gefen mayafi, ita sunanta na farko kawai aka rubuta, wani lokacin ma na aro ne.

Na taɓa yi wa wasu masu ɗaukar irin wannan fim tafinta, wata ƙungiyar agaji ce ta turo su wani sansanin 'yan gudun hijira. Muka zauna da wata dattijuwa a ƙofar rumfarta. Matar nan akwai baki. Ta ba da labarin injin markaɗen da ta baro a garinsu, da yadda ta saye shi da kuɗin adashi. Ta nuna mana rumfar wata maƙwabciyarta da take bi bashi tun kafin gudu, ta ce ga ta can tana kauce mata a layin ruwa. Ta yi wa gajeren wandon daraktan ba'a har mai ɗaukar sauti, wanda ba ya jin Hausa, ya kama dariya. Ta kuma faɗi, ba tare da an tambaye ta ba, yadda ake cinikin katin rabon abinci a cikin sansanin. Shi kuwa darakta tambaya guda yake ta juyawa: yaya ta ji ranar da aka kashe ɗanta. Na ce, "Inna, wai ki sake faɗin yadda kika ji." Ta dube ni ta ce, "Ɗana, ai na faɗa masa. Ko kurma ne?" Aka sake, aka sake, har hawaye suka zo. Da fim ya fito na gan shi a intanet. Hawayen ne kaɗai suka shiga, da kiɗa a ƙarƙashinsu. Babu inji, babu bashi, babu maganar kati. Ita dai ta dangwala yatsa a wata takardar Turanci, kuma ba a shirya komawa da fim ɗin wurinta ba.

Ba mugunta ce ta sa daraktan ya yi haka ba. Ya san wa zai kalla. Fim ɗin na masu ba da kuɗi ne, su kuwa tausayi ake so su ji su buɗe aljihu. Mace mai bin bashi da yi wa baƙo ba'a tana rikita wannan lissafi, balle maganar kati, wadda za ta iya taɓa ƙungiyar kanta. Shi ya sa nake murmushi idan aka ce hanyar su Ganda ƙarya ce tunda akwai wasan kwaikwayo a ciki. Hawayen da aka tatso da maimaita tambaya su ma shiri ne, bambancin kawai an ɓoye wa mai kallo shirin. A Moi, un noir kowa ya san damben mafarki ne, Ganda ma ya san ka sani. Kuma daga mafarkin kake gane abin da ke cin ransa fiye da in an kafa shi a kujera ana yi masa tambayoyi. Mu da muka tashi muna kallon tashe a watan azumi bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba. Yaro ya manna gemun auduga ya kwaikwayi tsoho ko wani mai iko, a yi dariya, amma an faɗi maganar da ba wanda zai faɗa kai tsaye. Wanda ba shi da ƙarfi ya daɗe da sanin cewa habaici da kwaikwayo sun fi yi masa aiki.

Sharaɗin da na ambata kuwa, Rouch bai zo da shi daga Paris ba, masunta ne suka koya masa. Ya ɗauki farautar dorina da Sarkawa ke yi a kogin Kwara, ya tace fim ɗin a Faransa ya sa masa kiɗa, sannan a 1954 ya dawo garin Ayoru na Nijar da majigi da janareta, ya rataya farin ƙyalle, ya nuna wa mutanen da ke ciki. Suka ga kansu, suka ga waɗanda suka riga mu gidan gaskiya tsakanin ɗauka da nunawa, aka yi kuka. Aka sake kallo. Sannan suka fara gyara. Suka ce dorinar ba ta fito sosai ba. Suka kuma ce wannan kiɗa da ya sa a lokacin farauta kuskure ne babba: cikin shiru ake bin dorina, kiɗa ƙarfin zuciya zai ƙara mata. Mutumin da ya yi karatu a manyan makarantun Faransa ya ji wannan, ya karɓa, daga nan ya yi kaffa-kaffa da ɗora kiɗan waje a kan hotunansa. A irin wannan zama ne wani mafarauci ya gayyace shi ya zo ya ɗauki farautar zaki da baka, abokansa su Damouré Zika kuma suka kawo shawarar a yi fim na tafiyar ci-rani zuwa Gwalkwas, Ghana ta yanzu, wanda ya zama fim mai suna Jaguar, har da kasuwar Kumasi a ciki. Wato komawa da fim bai tsaya a ladabi ba. Ya gyara aikin da aka yi, ya kuma haifi wanda ba a yi tunaninsa ba.

Kada a ɗauka ina wanke Rouch ne. A 1954 ya ɗauki taron mabiya Hauka a wajen birnin Akra, akasarinsu 'yan ci-rani daga Nijar, masu hawan iskokin da ke kwaikwayon gwamna da janar da sauran manyan mulkin mallaka. Su ne waɗanda a yankunan Arewa da Kurfai na ƙasar Nijar ake ce wa Babule. Su da kansu suka nemi ya zo ya ɗauka. Amma da aka nuna fim ɗin, Les Maîtres fous, a Paris a 1955, abin da 'yan kallo suka gani shi ne baƙaƙen fata suna kumfar baki suna cin naman kare. Malaminsa Marcel Griaule ya ce a lalata fim ɗin, ɗaliban Afirka da ke wurin suka fusata, Turawan Ingila kuma suka hana nuna shi a Gwalkwas. Amincewar mutanen da ke cikin fim ba ta hana a yi amfani da hotonsu a raina su a inda ba su taɓa zuwa ba. Sun yarda da kyamara, amma ba su san zauren da za a kalle su a ciki ba. Shekara goma bayan haka mai shirya finafinai Ousmane Sembène na Senegal ya gaya wa Rouch baki da baki cewa shi da irinsa suna kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Maganar ta yi zafi, kuma akwai gaskiya a cikinta: ko a fim ɗin Ganda, Rouch ne ya zaɓi abin da zai shiga, sunansa ne a matsayin darakta, shi aka miƙa wa kyauta.

Abin da ya fi gamsar da ni a duk labarin shi ne abin da Ganda ya yi daga baya. Ya koma Yamai, ya koyi aikin, ya yi Cabascabo, labarin sojan da ya dawo daga Indocina ya ɓarnatar da kuɗin sallamarsa a hannun abokan ci, shi ya rubuta, shi ya ba da umarni, shi ya fito a ciki, da harshen Zabarmanci. An nuna shi a bikin finafinai na Cannes a Faransa a 1969. A 1972 fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya zama na farko da ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka da ake yi a Wagadugu. Ya rasu a 1981, kuma babbar cibiyar al'adu ta Yamai sunansa take ɗauke da shi. Ɗan dakon da aka miƙa wa makirufo ya ƙare da kyamara a hannunsa. Da za a tambayi ƙungiyoyin da suka shekara goma suna ɗaukar fim a sansanoni da makarantun allo mutum nawa daga cikin waɗanda suka ɗauka ya iya tace bidiyo a yau, na san za a daɗe ana laluben amsa.

An gwada wannan hanya a wani wuri mai nisa da mu, ta kuma yi amfani. A 1967 gwamnatin lardin Newfoundland na Kanada tana tayar da ƙananan ƙauyukan masunta tana mayar da su manyan garuruwa, tsibirin Fogo na cikin waɗanda ake hange. Hukumar finafinai ta ƙasar ta tura Colin Low, ya yi gajerun finafinai sama da ashirin na mutanen tsibirin suna maganarsu. Ana nuna wa wanda aka ɗauka kafin kowa, in bai so wani abu ba a cire. Aka zaga da su ƙauye-ƙauye, mutanen da ba sa shiri suka gane ciwonsu ɗaya, sannan aka kai wa jami'an gwamnati. Ba fim kaɗai ya yi aikin ba, amma mutanen Fogo sun kafa ƙungiyar gama-kai ta masunta, kuma ba a tashe su ba.

To, akwai inda maganata take da rauni, gara in faɗa da kaina. In an ce a mayar wa al'umma fim ta duba, wace ce al'ummar? A garuruwanmu, in ka kafa majigi a ƙofar mai unguwa, maza manya ne za su zauna gaba, su za su yi magana, kuma abin da za su ce a cire shi ne daidai abin da bazawara ko almajiri ko mai aikatau suka faɗa. Sai ka ga da sunan mutunta jama'a an sake rufe bakin wanda aka zo dominsa. Don haka hakkin cewa a cire na wanda ya yi maganar ne, ba na dattijon da maganar ta sosa ba. Matar da ta ba da labarin yoyon fitsari ita za a nuna wa, a cikin ɗaki, tare da wadda ta amince da ita, a kuma gaya mata ƙarara cewa gobe mijinta da kishiyarta za su iya ganin wannan a wayar wani yaro. Wannan bayanin shi ne abin da mabiya Hauka ba su samu ba.

A nan ne ma hanyoyin gwaji, wato dabarun yin fim da suka saɓa wa abin da aka saba, suka fi hira ta fuska da fuska amfani. Wanda ya kuɓuto daga hannun 'yan bindiga, in an nuna fuskarsa ana iya biyo shi har gida. Abin da aka saba shi ne a dusashe fuskar a murɗa muryar, mutum ya koma kamar wanda ake tuhuma. Akwai mafita da ta fi wannan. Rithy Panh na Kambodiya, wanda ya rasa iyayensa a mulkin kama-karya na Khmer Rouge, da ya rasa hotunan abin da ya faru sai ya sa aka sassaƙa 'yan mutum-mutumi na yumɓu aka yi musu fenti, ya jera su ya ba da labarin da su, fim ɗin ya ci kyauta a Cannes a 2013. Yaran ƙauyenmu da ke gina shanun laka a bakin tafki ba sai an koya musu wannan ba. Ana iya ɗaukar hannu kawai, ko inuwa a bango, ko wata ta taka rawar wata, mai labarin tana gefe tana cewa a'a, ba haka ya riƙe ni ba, sake.

Rauni na biyu shi ne na masu gwajin kansu. Akwai finafinan da ake yi don bukukuwan baje kolin Turai, inda za a kafa kyamara a kan bango minti biyar ba magana, a ce fasaha ce. In mutanen unguwar da aka ɗauka suka kalla suka tashi tun ba a yi nisa ba, ban ga amfanin da fasahar ta yi musu ba. A 1966 wasu masana biyu na Amurka, Sol Worth da John Adair, sun kai wa 'yan ƙabilar Navajo ta ƙasarsu kyamarori don su ɗauki kansu. Wani dattijo ya tambaye su ko yin fim zai cutar da tumaki, suka ce a'a. Ya ce to zai amfani tumaki? Suka ce a'a. Ya ce to don me za a yi? Masanan da kansu suka rubuta cewa tambayar ta daɗe tana damun su. Ya kamata ta dami duk mai neman tallafin yin fim a kan talakawa.

Kuma zama ɗan gida ba ya wanke kowa. Aïcha Macky 'yar Damagaram ce, a 2021 ta fitar da fim mai suna Zinder, a kan unguwar Kara-Kara, wadda asalinta wurin da aka ware wa kutare ne, da samarinta masu ɗaga ƙarfe da masu fasa-ƙwaurin fetur daga Najeriya. Da Hausa take magana da su, babu tafinta a tsakani, kuma ana jin bambancin: mutanen suna musu, suna dariya, suna lissafin yadda za su samu aikin gadi su bar daba. Duk da haka, 'yar boko daga wata unguwa baƙuwa ce a Kara-Kara, kamar yadda ɗan unguwar masu hali irin Nasarawa baƙo ne a tsangayar da ke bayan gidansu. Mu masu jin yaren mun fi Bature iya tatso magana, saboda haka mun fi shi iya yin ɓarna da ita.

Wani zai ce zancen ya tsufa, yanzu kowa na da kyamara a aljihu, almajiri ma yana TikTok. Haka ne, kuma abin farin ciki ne. Amma bidiyon daƙiƙa talatin da aka yi don ya ba da dariya ba ya ɗaukar labarin injin markaɗe. Dogon fim yana buƙatar kwamfuta, da wuta, da wanda ya iya tacewa, da watanni na zama, waɗannan kuwa har yanzu suna hannun masu kuɗi. Kannywood na da editoci da masu ɗaukar hoto da suka ƙware, da za a sa kaso kaɗan na kuɗin da ake kashe wa tawagar waje a haɗa su da matasan sansani ko na tsangaya na tsawon shekara, da an ga abin da ba a taɓa gani ba. A zamanin Turawa motar majigi takan shiga har ƙauye, a kafa allo a ƙofar fada a nuna wa mutane yadda ake haƙa masai da noman auduga. Farfaganda ce, amma ta isa wurin. Yau janareta da majigi da galan ɗin fetur ba wani babban kuɗi ba ne, amma da wuya ka ga an sa su a kasafin aiki.

Sai maganar ɗanyen hoton da ba ya shiga fim. A kowane minti guda da aka nuna akwai sa'o'i da aka ajiye. Daga 2021 gwamnatin Borno ta shiga rufe sansanonin da ke cikin Maiduguri, irin su Bakassi da Dalori, mutanen suka watsu. Hirarrakin da aka yi da su a tsawon shekarun nan, da sunayen garuruwan da aka ƙona, da waƙoƙin da mata suka yi, da muryoyin tsofaffin da yanzu ba su da rai, da yawansu suna kwance a ma'ajiyar kwamfutocin kamfanoni da ƙungiyoyi a ƙasashen waje, ƙarƙashin takardun da aka dangwala wa yatsa. Ina ganin ya kamata duk wanda za a ba izinin ɗaukar fim a irin waɗannan wurare a sa masa sharaɗin ajiye kwafin ɗanyen hoton a wata jami'a ta yankin, bisa ƙa'idar da za ta kare waɗanda ke ciki, ta kuma ba su da 'ya'yansu damar zuwa su nema. Waɗanda suka riga suka ɗauka suka tafi kuwa, adireshinsu na nan a ƙarshen finafinansu, jami'o'inmu na iya rubuta musu tun yanzu.